Ƙarin Girma da Gabaci a Aikin Gwamnati: Abin da Kotu Ke Dubawa da Abin da Malami Zai Riƙe

Jawabin da wani malamin firamare, ɗan wannan reshe, ya gabatar a taron 'yan ƙungiya na ƙarshen zangon karatu.

  

Shugabannin reshe sun ɗora mini nauyin yin magana a kan rigingimun ƙarin girma da na wane ya riga wane a aikin gwamnati, musamman waɗanda sukan kai gaban alƙali. Ni ba lauya ba ne. Malamin aji huɗu ne, mai shaidar NCE, wanda ya haura shekara ashirin yana shaƙar ƙurar alli. Abin da ya sa na zauna na karanta ƙa'idojin aiki da wasu hukunce-hukuncen kotu shi ne matsalar ta taɓa cin tuwo a kaina. Saboda haka da labarina zan fara, domin a cikinsa ne na koyi darasin da nake so mu koma gida da shi yau.

Ina cikin shekarata ta huɗu a aiki aka liƙa jerin sunayen waɗanda aka ƙara wa girma a allon sanarwa na ofishin ilimi na ƙaramar hukuma. Na hau kekena na je, na bi jerin da yatsa daga sama har ƙasa sau uku, ban ga sunana ba. Sunan da idona ya faɗa a kai shi ne na wani abokina da muka zauna ɗaki ɗaya a kwalejin ilimi, wanda na riga kama aiki da wata uku. Ban tambayi kowa dalili ba. Nan take na yanke wa kaina hukunci cewa ya bi ta bayan gida ne, ya kai wa wani goro. Makarantarmu ɗaya a lokacin, amma na daina zama da shi a gindin darbejiya in an fita tara. Da aka yi masa haihuwa ban je suna ba, maiɗakina ma ba ta leƙa barka ba.

Shi ne ya tako har ƙofar gidana wani dare bayan sallar isha'i. Ya ce mini: "Malam, fushin ya isa haka. Gobe mu je tare a buɗe fayil ɗinka, mu ga abin da ke ciki." Da aka buɗe, sai ga shi babu takardar kama aikina. Na fara koyarwa a watan Satumba, amma albashina bai fara fita ba sai Fabrairun shekarar da ta biyo baya, kuma da akawu bai ga takardar ba, sai ya ɗauki watan da albashi ya fara a matsayin ranar da na shiga aiki. Da yake daga ɗaya ga Janairu ake lissafin cikar wa'adi a wurinmu, wannan kuskure ya cinye mini shekara guda cur. Abokina ya kama aiki a Disamba, takardunsa cikakku, shi ya sa ya shige. Abin da ya cece ni shi ne littafin tarihin makaranta, wanda tsohon hedimastanmu, Allah Ya jiƙansa, ya rubuta ranar da na iso a ciki da hannunsa. Sai da aka shekara biyu ana kai da komo kafin a gyara mini kwanan watan a takarda. Kuɗin da na rasa a tsakani har yau ban gan su ba. Wanda ya taya ni rubuta takardar koken kuwa shi ne mutumin da na ƙaurace wa. Hausawa sun ce zomo ba ya fushi da makashinsa sai da maratayinsa, ni ma haka na yi.

Darasin shi ne: gabaci a aikin gwamnati a takarda yake zaune. Furfura ba ta tabbatar da shi, shaidar mutanen gari ma ba ta tabbatar da shi. Ofis takarda yake dubawa, kotu ma haka. Duk abin da zan faɗa daga nan bayani ne a kan wannan magana.

Mu fara da ƙa'idar kanta. Matakan albashi da muka sani, daga na 01 zuwa na 17, sun samo asali ne daga rahoton kwamitin Jerome Udoji na 1974. Ƙa'idojin aikin gwamnatin tarayya, waɗanda jihohi suka ɗauka suka yi wa kwaskwarima daidai da buƙatunsu, sun tsara mafi ƙarancin shekarun da ma'aikaci zai yi a mataki kafin a duba shi: shekara 2 ga wanda ke mataki na 06 zuwa ƙasa, shekara 3 ga wanda ke tsakanin 07 da 14, shekara 4 daga mataki na 15 zuwa sama. Mai NCE a mataki na 07 yake shiga, mai digiri a na 08. Sabon ma'aikaci yakan yi shekara 2 na gwaji kafin a tabbatar da shi. Ku yi lissafi da ni kamar muna aji. Daga 07 zuwa 14 hawa shida ne, domin ana tsallake mataki na 11. In kowane hawa ya zo a kan kari, shekara 18 ke nan. In kowane hawa ya makara da shekara ɗaya tak, tafiyar ta zama shekara 24. Waɗannan shekaru shida na bambanci buhunan masara ne, kuɗin makarantar yara ne, kuma za su bi mutum har cikin fanshonsa, domin ko tsohon tsarin fansho ake bi ko na adashi, albashin da mutum ke ɗauka shi ne ma'auni.

Sai dai cikar shekaru ƙofa kawai take buɗewa. Ƙa'idar ta ƙara sharuɗɗa: a samu gurbi, mutum ya ci jarrabawa ko ganawar ƙarin girma, rahoton ƙwazonsa na shekara-shekara ya yi kyau, kuma kada ya kasance da tuhumar ladabtarwa a kansa. A tsarin da hukumar ma'aikatan tarayya ta daɗe tana bi wajen manyan ma'aikata, jarrabawa na da maki 70 cikin 100, rahoton ƙwazo 20, daɗewa a aiki 10 kacal. Wannan ya nuna mana cewa "ni ne siniyansa" hujja ce, amma ita kaɗai ba ta isa ba. Ranaku uku ne kuma ke riƙe da gabacin kowane ma'aikaci: ranar da ya kama aiki kamar yadda jami'i mai izini ya shaida a rajista, ranar da aka tabbatar da shi, da ranar da ya hau matakin da yake kai yanzu. Ina roƙon kowa a nan ya tambayi kansa ko ya san waɗannan ranaku uku nasa, kuma ko ya tabbata abin da ya sani shi ne ke rubuce a ofis.

Me ya sa fayilolin malaman firamare suka fi na kowa ruɗewa? Tarihi ya amsa. Bayan shirin ilimin firamare kyauta na 1976 ya jawo ɗaukar malamai da yawa cikin gaggawa, an kafa hukumar ilimin firamare ta ƙasa a 1988, aka rushe ta a 1991 aka miƙa makarantu ga ƙananan hukumomi, sannan aka sake kafa ta a 1993. A 1999 aka ƙaddamar da shirin ilimin bai-ɗaya a Sakkwato, dokarsa ta fito a 2004, daga nan muka samu hukumomin SUBEB na jihohi. A 1991 da 1996 an ƙirƙiro sababbin jihohi da ƙananan hukumomi. Duk lokacin da aka yi irin wannan sauyi, fayiloli sukan hau bayan a-kori-kura daga wannan ofis zuwa wancan, wasu su jiƙe, wasu gara ta ci, wasu su ɓace. Iyayenmu da ke zaune a sahun gaba sun ga wannan da idonsu. A watan Yulin 2024 kuma Kotun Ƙoli ta yanke hukuncin a riƙa biyan ƙananan hukumomi kasonsu kai tsaye, abin da ya sake tayar da tambayar wa ke riƙe da albashin malamin firamare. Ma'aikacin da iyayen gidansa ke yawan sauyawa haka, wajibi ne ya zama shi ne ma'ajin tarihin aikinsa.

Yanzu mu shiga kotu. Akwai hukunci biyu da ya kamata kowane ma'aikaci ya san su, domin su ne bango biyu na wannan ɗaki. Na farko shi ne shari'ar Shitta-Bey da hukumar ma'aikatan tarayya, wadda Kotun Ƙoli ta yanke a 1981. Shitta-Bey lauyan gwamnati ne a Ma'aikatar Shari'a ta Tarayya da aka raba da aikinsa ba bisa ƙa'ida ba. Kotun ta bayyana cewa ƙa'idojin aikin gwamnati suna da ƙarfin doka, ma'aikacin da aka tabbatar ba bara ba ne da za a kora duk lokacin da aka ga dama, ta kuma tilasta wa hukumar ta mayar da shi. Ma'anar wannan gare mu ita ce ƙa'idar da ta ɗaure ma'aikaci ta ɗaure hukuma. Na biyu shi ne shari'ar Abenga da hukumar ma'aikatan shari'a ta Jihar Binuwai, wadda Kotun Ɗaukaka Ƙara ta yanke a 2006, inda aka nanata cewa ƙarin girma ba haƙƙi ba ne da ke zuwa da kansa don shekaru sun cika. Alfarma ce da mai ɗaukar aiki ke bayarwa ga wanda ya cancanta. Lauyoyin gwamnati suna yawan kafa hujja da wannan magana.

In aka haɗa hukuncin biyu, ga abin da ke fitowa. Wanda ya je kotu ya ce "na daɗe, a ƙara mini girma", da wuya ya dawo da komai, domin alƙali ba ya zama a kujerar hukuma ya raba matakai. Wanda ya je ya ce "ga ƙa'idar da aka rubuta, ga inda aka karya ta a kaina", shi ke da abin riƙewa. Misalansa: an cire sunanka daga jarrabawa alhali ka cika sharuɗɗa, an yi maka lissafi da kwanan watan da ba naka ba, an hana ka hawa saboda wata tuhuma da ba a taɓa ba ka damar kare kanka a kanta ba, alhali sashe na 36 na kundin tsarin mulki ya tanadi sauraren kowane ɓangare, an tsallake ka saboda jinsi ko addini ko ƙabila ko asalin gari, abin da sashe na 42 ya haramta, ko kuwa an ba ka takardar ƙarin girma a hannu amma an ƙi aiwatar da ita a albashi. Wannan na ƙarshe shi ne ya fi damun malaman firamare, har muka laƙaba masa suna girman takarda. Da zarar hukuma ta sa hannu ta ba ka mataki, maganar alfarma ta wuce, abin da ya rage shi ne bashi. Amma ko a nan kotu za ta nemi ka kawo takardar, ka kawo jadawalin albashin da ya nuna abin da matakin ke ɗauka, ka nuna dalla-dalla yadda ka lissafa ariyas ɗinka wata bayan wata. Kotu ba ta yi wa mai ƙara lissafi.

Wace kotu ake zuwa? Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda aka kafa a 1976. Gyara na uku da aka yi wa kundin tsarin mulki a 2010 ya ɗaga darajarta, sashe na 254C ya ba ta ita kaɗai hurumin sauraren rigingimun aiki da albashi da fansho, har da ƙorafin zaluncin mai ɗaukar aiki da nuna bambanci a wurin aiki. Tana da rassa a garuruwa irin su Kano, Kaduna, Sakkwato, Jos da Bauchi. Wanda ya kai irin wannan ƙara babbar kotun jiha ya yi asarar kuɗi da lokaci, domin za a ce masa ba nan ba ne. Wanda bai gamsu da hukuncinta ba yana iya zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara, kuma a ƙararrakin aiki a nan magana ke tsayawa. Tun 2015 kotun tana da cibiyar sulhu, inda ake zaunar da ɓangarori biyu a nemi daidaito ba tare da doguwar shari'a ba.

Akwai tarkuna biyu a bakin ƙofar kotun nan waɗanda suka kama mutane da dama kafin a ji ko kalma ɗaya daga kokensu. Na farko shi ne wa'adi. Dokar kare jami'an gwamnati ta ce wanda zai ƙalubalanci abin da jami'i ya yi a bakin aikinsa ya shigar da ƙara cikin wata uku, sai fa in cutarwar mai ci gaba ce, a nan ana ƙirgawa daga ranar da ta tsaya. A 2019, a shari'ar Johnson da hukumar rabon arzikin ƙasa, Kotun Ƙoli ta ce wannan wa'adi bai shafi yarjejeniyar aiki ba. A 2021 kuma, a shari'ar Idachaba da Jami'ar Aikin Gona ta Makurɗi, kotun ta yi amfani da wa'adin ta kori ƙarar ma'aikata. Tunda manyan alƙalai sun saɓa a kan wannan, mai hankali ya ɗauka wata uku gare shi, ya yi aiki da haka. Tarko na biyu shi ne sanarwar niyyar ƙara: dokokin da suka kafa hukumomi da yawa sun wajabta a rubuta musu sanarwa kafin a maka su a kotu, wanda ya tsallake wannan mataki kuwa ana iya korar ƙararsa. Haɗarin da ke nan shi ne, mu mutane ne masu kawaici. Sai a ce mana "a yi haƙuri, ana dubawa", mu yi shekara uku muna jiran alkawarin baki, wa'adi kuwa yana tafiya.

Kada kuma mu ruɗi kanmu game da tsawon tafiyar. Malamai 49 na Jami'ar Ilori da aka kora a 2001 ba su samu hukuncin ƙarshe na mayar da su aiki ba sai a 2009, wasunsu ma sun riga mu gidan gaskiya kafin ranar. Waɗannan malaman jami'a ne, da ƙungiya mai ƙarfi da manyan lauyoyi a bayansu. Magabata sun ce shari'a mace ce da ciki, ba a san abin da za ta haifa ba. Malamin da ke mataki na 08, da iyali a wuyansa, in ya tunkari wannan hanya shi kaɗai, kuɗin lauya da na mota za su iya zarce ariyas ɗin da yake nema. Saboda haka kotu makami ce ta ƙarshe, kuma an fi cin moriyarta in an shiga a ƙungiyance, malamai da yawa masu matsala iri ɗaya a ƙara ɗaya.

Bari in taɓo wurare huɗu da rigimar gabaci ta fi tashi a tsakaninmu. Na ɗaya, kujerar hedimasta. Mataki daban, muƙami daban. Shugabancin makaranta naɗi ne da hukuma ke yi, tana kuma iya sauyawa, shi ya sa ƙalubalantarsa a kotu ke da wuya. Amma duk wanda ya taɓa zama a makarantar da aka ɗora ɗan mataki na 09 a kan 'yan mataki na 13 ba tare da wani bayani ba, ya san yadda aiki ke mutuwa a wurin: babba ya naɗe hannu, ƙarami ya kasa ba da umarni, yara su yi ta wasa a fili. Maganin wannan yana teburin tattaunawa tsakanin ƙungiya da hukuma, a rubuta sharuɗɗan naɗi kowa ya san su.

Na biyu, ƙarin karatu. Da yawanmu mun yi digiri a lokutan hutu, mun ci bashi mun biya kuɗin makaranta, muna sa ran sauyin mataki. Wanda ya tafi karatu ba tare da rubutacciyar amincewar hukuma ba yakan dawo ya tarar ana ja masa rai wajen karɓar shaidar. A nemi izini a rubuce kafin a tafi, a kuma miƙa sakamako a rubuce bayan an dawo, a karɓi shaidar an miƙa. Haka nan rajista da hukumar TRCN, wadda aka kafa a 1993: kada a bari rashin lasisi ya zama hujjar da za a tare mutum da ita.

Na uku, sauyin wurin aiki. Wannan ya fi shafar 'yan uwanmu mata, waɗanda aure kan ɗauke su daga wata ƙaramar hukuma zuwa wata. Malamar da ta koma sabon wuri ba tare da an bi hanyar canjin aiki a hukumance ba, sai a ɗauke ta kamar sabuwar shiga, shekarunta na baya su bi ruwa. Malama, kafin ki kwashe kayan ɗaki, ki tabbata takardar canjin wurin aiki da ta albashin ƙarshe suna cikin jakarki. Maigida, wannan aikinka ne kai ma, domin asarar ta gidanka ce.

Na huɗu, ranar haihuwa da ranar ritaya. Ƙa'ida ta ce ranar haihuwar da aka rubuta lokacin ɗaukar aiki ba a sauya ta. Dokar da aka sa wa hannu a 2022 ta mayar da ritayar malamai shekara 65 da haihuwa ko 40 a aiki, maimakon 60 da 35, ko da yake jihohi ba su fara aiki da ita lokaci ɗaya ba. Alheri ne, amma yana da wani gefe da ya kamata mu hanga tun yanzu: in manya suka ƙara shekara biyar a kujerunsu, gurabe a sama za su yi jinkirin buɗewa, masu jira a ƙasa za su ƙaru, gardamar wane ya riga wane za ta ƙara zafi. In ba mu tsabtace jerin gabacinmu yau ba, gobe za mu riƙa cin naman juna.

To, me malami zai yi? Ba a fafe gora ranar tafiya. Kowa ya sayi jakar roba mai zif ya zuba waɗannan a ciki: takardar ɗaukar aiki, takardar kama aiki, takardar tabbatarwa, kowace takardar ƙarin girma, takardun canjin wuri, izinin karatu, shaidar karatu da lasisin koyarwa, da takardun albashi ko bayanin banki. Ya yi kwafi biyu, ya ajiye ɗaya a wani gida dabam, ya kuma ɗauki hotonsu a waya. Kada ka sa hannu a fom ɗin rahoton ƙwazo ba ka karanta abin da aka rubuta a kanka ba. In an tsallake ka, ka rubuta koke a makon, cikin ladabi, ka ambaci ranaku da lambobin takardu, ka bi ta hannun hedimasta zuwa sakataren ilimi zuwa hukumar jiha, ka riƙe kwafin da aka buga wa hatimin karɓa. Ka kawo wa sakataren reshe kwafi a ranar. Takardar da ba ta da suna, ko wadda aka cika da zagi da zargin wane da wane, ba ta amfanar mai ita. Akwai kuma hukumar karɓar koke-koken jama'a, wadda aka kafa a 1975, tana da ofisoshi a jihohi, ba ta karɓar ko kwabo, amma ita ma tana so a kawo mata ƙorafi cikin wata goma sha biyu.

Ya shugaban reshe, ina da roƙo huɗu ga shugabanci. Na farko, mu nemi ofishin ilimi ya riƙa liƙa cikakken jerin malamai sau ɗaya a shekara, da ranakun nan uku na kowa, a ba da wata guda don gyara kafin a tura sunayen masu jarrabawa. Da an yi haka a zamanina, da cikin minti biyar na gano kuskuren da ya ci mini shekara ya kusa ci mini aboki. Sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga, kuma tsagar da masu son kai ke bi ita ce ɓoye jerin nan. Na biyu, reshe ya ware rana guda kowane zango a zauna da malamai, musamman sababbi, a duba jakunkunansu a ga abin da ya ɓace tun ana iya nemo shi. Na uku, mu buɗe rajistar duk masu girman takarda a wannan reshe, da matakinsu da watannin da suke bi, domin in shugabanninmu na jiha za su zauna da gwamnati su tafi da alƙaluma a hannu. Na huɗu, duk yarjejeniyar da za a janye yajin aiki a kanta ta kasance a rubuce, da ranar fara biya da sa hannun ɓangarori, domin ita ma wata rana hujja ce a gaban alƙali. Ƙungiyar nan tun 1931 take, ta girmi ƙasar da 'yancinta, kuma abin da ya riƙe ta shi ne hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.

Ga iyalanmu kuma, iyaye mata da matan aure da mazajen malamai da manyan 'ya'ya: ku san inda jakar nan take. Mun sha ganin an yi rasuwa, an share makoki, sannan a bar marayu da uwarsu suna yawo ofis-ofis neman haƙƙin mamaci, a tambaye su takardar matakinsa na ƙarshe su rasa. Mutum ya yi shekara talatin yana koyar da 'ya'yan jama'a, bai kamata a lissafa wa magadansa garatuti a matakin da ya bari tun shekara shida baya ba don takarda ɗaya ta ɓace.

Daga ƙarshe, 'yan uwa, in jeri ya fito ka ga sunan abokin aikinka babu naka, ka je ka yi masa murna, sannan ka roƙe shi ya raka ka a buɗe fayil. Ni da abokin nan nawa yanzu matakinmu ɗaya, ɗiyarsa da ban je sunanta ba tana kwalejin ilimi, kuma yana zaune a cikin wannan zaure yana jina. Ina sake ba shi haƙuri a gaban jama'a.

Allah Ya ba shugabanninmu ikon yin adalci, Ya sa albarka a cikin abin da muke samu, Ya jiƙan malamanmu da suka rigaye mu, Ya mayar da kowa gidansa lafiya.